Yadda Za Ka San Toshiro Mifune Ta Hanyar Finafinansa

Babana mai ɗaukar hoto ne, a shagonsa na tashi a Zariya. Tun ina firamare nake riƙe masa fitila, ina goge gilashin kyamara da tsumma mai laushi, ina kallon yadda fuskar mutum ke fitowa sannu a hankali cikin ruwan wankin hoto a ɗakin duhu. Abin da ya fi nanata mini shi ne in riƙa duba kafaɗar wanda zan ɗauka. Yakan ce kowa na iya gyara fuskarsa idan ya ga kyamara, amma kafaɗa tana faɗin abin da ke ran mai ita. Bayan rasuwarsa da wasu shekaru, Allah ya jiƙansa, wani abokina ya miƙo mini faifan sidi, ya ce fim ɗin Chana ne amma tsoho, ba kala. Da na saka, abin da ya fara fitowa ƙeyar wani mutum ce da bayansa, yana fuskantar duwatsu. Ya ɗaga kafaɗa ɗaya ya girgiza ta, sannan hannunsa ya fito ta wuyan riga ya sosa kai. Ban ga fuskarsa ba tukuna, amma na san wannan mutumin bai da gida, bai da ubangida, kuma ba ya tsoron kowa. Fim ɗin na Japan ne, sunansa Yojimbo, mutumin kuwa Toshiro Mifune.

Tun daga ranar nake binsa. Ya fito a finafinai fiye da 150, don haka wanda ya faɗa cikinsu ba tsari zai gaji tun bai je ko'ina ba. Ga hanyar da na bi, wadda kuma nake ɗora duk wanda ya tambaye ni a kanta.

Fara da gyara wurin kallo. Kada ka kalli waɗannan finafinai a waya. Yawancin waɗanda suka fi muhimmanci baƙi da fari ne, an ɗauke su da ruwan sama, da ƙura, da hazo, kuma ƙaramin allo yana cakuɗa waɗannan duka su zama toka. Nemi talabijin ko kwamfuta, ka kashe fitilar ɗaki. Idan za ka sauke fim daga intanet, ka daure ka kashe data a kan mai kyau, ka kuma tabbatar akwai fassarar Turanci a rubuce a ƙasan allo. Guje wa wanda aka ɗora wa muryar wani, domin muryar Mifune rabin aikinsa ce: daga ciki take fitowa, kamar gurnani, sai ta fashe ba zato. Sannan ka tanadi ɗan littafi. Kowane fim ka rubuta shekarar fitowarsa, ka cire 1920 daga ciki, ka ga shekarunsa nawa a lokacin. Wannan ɗan lissafin zai ba ka mamaki nan gaba.

Kafin fim na farko, abubuwa kaɗan kawai kake bukata daga tarihinsa. An haife shi ranar 1 ga Afrilu 1920 a birnin Qingdao na ƙasar Chana, iyayensa Japanawa ne mazauna can, ya kuma girma a Dalian. Mahaifinsa yana da shagon hoto, shi ma a shagon ya yi aiki yana saurayi. Ranar da na karanta wannan sai da na ajiye takardar na yi shiru na ɗan lokaci. Da aka ɗauke shi soja a Yaƙin Duniya na Biyu, sashen ɗaukar hoto daga jirgin sama aka kai shi, kuma a ƙarshen yaƙin yana wani sansani a kudancin Japan inda ake sallamar matasan matuƙa jirgi zuwa harin da ba a dawowa. Yaƙi ya ƙare a 1945, ya tsinci kansa a ƙasar da ake cewa tasa ce alhali bai tashi a cikinta ba, ga Tokyo ta ƙone, ga yunwa. A 1946 ya nemi aiki a kamfanin fim na Toho, a sashen kyamara. Takardarsa sai ta faɗa cikin ta masu neman zama sababbin 'yan wasa. A wurin gwaji aka ce ya nuna fushi, ya nuna shi har wasu alƙalan suka ɗauka rashin kunya ce. Akira Kurosawa, wanda a lokacin matashin darakta ne, ya shigo ya gani, ya tsaya masa aka ɗauke shi. Riƙe wannan a ranka, ka bar sauran tarihin sai finafinan sun sa ka nema.

Fim na farko da za ka kalla shi ne Yojimbo na 1961. Wasu za su ce a fara daga farkon aikinsa, ni ban yarda ba. Gara ka fara ganin mutumin bayan ya nuna, sannan ka koma ka ga ɗanyensa. Labarin mai sauƙi ne: samurai, wato mayaƙin takobi na Japan ta dā, marar ubangida ya jefa sanda sama, ya bi inda ta nuna, ya shiga wani gari da ƙungiyoyin 'yan caca biyu suka raba. Yana shiga ya ci karo da kare riƙe da hannun mutum a baki. Sai ya yi ta sayar da takobinsa ga wannan ɓangare da wancan har suka cinye juna. Kalle shi sau ɗaya don labarin. Washegari ka sake sakawa, ka rage sauti gaba ɗaya, ka kalli minti ashirin na farko. Wannan shi ne babban sirrin duk abin da zan gaya maka, kuma za ka maimaita shi a kowane fim. Duba yadda yake ɓoye hannuwansa cikin riga, yadda yake shafa haɓa idan yana lissafi, yadda yake tafiya a tsakiyar titi ba gaggawa. Sannan ka lura da faɗan: kafin ka ƙifta ido an gama, ya mayar da takobi kube ya juya baya. Kurosawa ya taɓa rubuta cewa abin da wani ɗan wasa zai bukaci ƙafa goma ta fim kafin ya isar, Mifune a ƙafa uku yake isar da shi. Da wannan rawar ya ci kyautar gwarzon ɗan wasa a bikin finafinai na Venice, kuma daga labarin ne Sergio Leone ya ɗauko fim ɗinsa na kaboyi na 1964 da ya fito da Clint Eastwood.

Yanzu koma baya zuwa 1948, ka nemi Drunken Angel, haɗuwarsu ta farko da Kurosawa a matsayin darakta da ɗan wasa. Yana da shekara 28, siriri, idanu a zurme. Ɗan daba ne mai suna Matsunaga, ya zo wa wani likita mashayi da dare da harsashi a hannu, likitan ya gano tarin fuka na cinsa. A nan babu natsuwar da ka gani a Yojimbo, wuta ce kawai ba murhu. Bi shi da Stray Dog na 1949, inda yake matashin ɗan sanda da aka zare wa bindiga a cikin motar haya cike da mutane, ana tsananin zafi. Akwai dogon wuri da yake yawo a kasuwannin bayan fage sanye da tsofaffin kayan soja, yana neman masu sayar da bindiga. Tuna abin da ka sani na 1945. Shekara huɗu kacal kafin nan, shi ma haka aka sallame shi daga soja da gaske.

A waɗannan biyun za ka ga wani dattijo mai kaurin leɓe a gefensa, shi ne likitan, shi ne kuma babban ɗan sandan. Sunansa Takashi Shimura. Ka sa masa ido, don ba za ka fahimci Mifune sosai ba sai ka ga wanda yake tsaye cik yayin da shi yake tsalle. Kusan kullum a finafinan farko kamar uba da ɗa suke.

Rashomon na 1950 shi ne ya buɗe wa finafinan Japan ƙofar duniya, bayan ya ci babbar kyautar Venice a 1951. An kashe samurai a daji, mutum huɗu suka ba da labarin, kowa da nasa: ɗan fashi, matar mamacin, mamacin kansa ta bakin wata mai hawan iska, da mai saran itace. Mifune ne ɗan fashin, Tajomaru. Yadda za ka kalle shi: a kowane labari cikin huɗun, rubuta kalma ɗaya da ta dace da shi. Za ka ga jarumi a bakin kansa, za ka ga matsoraci mai rawar hannu a bakin mai itace, alhali mutum ɗaya ne, kaya ɗaya, daji ɗaya. Dariyarsa a nan takan dami wasu, su ce ta yi yawa. Ni ina ganin dariyar wanda aka ɗaure ne yana ƙoƙarin nuna bai damu ba. A matsayina na mai hoto kuma, ba zan wuce ban ambaci Kazuo Miyagawa ba, mai kyamarar da ya ɗaga ta ya fuskanci rana ta cikin ganyaye, ya kuma yi amfani da madubi yana jefa hasken rana a fuskokin 'yan wasa.

Sai babban dutsen, Seven Samurai na 1954. Tsawonsa awa uku da minti 27, don haka ka ware masa yini, ka tabbatar da wuta ko caji, ka yi sallah a hutun da ke tsakiyarsa. Kada ka yarda da gajeren da aka yanke. Manoman wani ƙauye ne 'yan fashi ke kwashe musu amfanin gona duk kaka, suka je gari neman samurai masu jin yunwa da za su tsare su, ladan kuwa abinci ne kawai. Baƙin suna cin shinkafa, masu ƙauyen suna cin gero. Duk wanda ya san halin da ƙauyukanmu ke ciki a 'yan shekarun nan ba ya bukatar a yi masa bayanin tsoron da ke fuskokin mutanen nan. Na kalle shi da wani ƙanen mahaifiyata da ya zo daga ƙauye, bai iya karanta fassarar ba, amma bai tambaye ni komai ba har aka gama.

Mifune shi ne Kikuchiyo, na bakwai, wanda ya liƙe wa sauran ba a gayyace shi ba. Yana saɓe da takobin da ya fi ƙarfinsa tsawo, yana riƙe da takardar asali ta sata wadda lissafinta ya nuna shekarunsa 13. Rabin farko za ka yi ta dariya. To ga wurare biyu da nake so ka tsayar da fim ka koma baya. Na farko, inda ya kwaso sulke da makaman da manoma suka ɓoye, waɗanda suka cire daga jikin samurai da suka kashe. Sauran shida suka fusata. Shi kuma ya juyo yana zagin manoma, maƙaryata, marowata, masu kisa, sai ya tambaya wa ya mayar da su haka in ba samurai masu ƙona ƙauyuka da kwashe abinci ba. Yana maganar yana kallon cikin kyamara, har muryarsa ta karye ya durƙushe. A nan shugabansu, wato Shimura, ya gane cewa ɗan manomi ne. Na biyu, inda 'yan fashi suka ƙona gidan niƙa na bakin rafi, wata mata da aka soka ta miƙa masa jaririnta. Yana tsaye cikin ruwa, wuta na ci a bayansa, ya rungume yaron yana kuka yana cewa wannan yaron shi ne, haka aka yi masa. Idan ka kalli wannan da sauti a kashe, za ka ga kafaɗun nan da suka yi ta fankama tun farkon fim sun rufta a kan jaririn. Bayan haka duk wasan da ya yi a baya sai ya sake ma'ana a idonka. Yaƙin ƙarshe cikin ruwa da taɓo aka ɗauke shi, a lokacin sanyi, da kyamarori da yawa a lokaci guda, shi kuma kusan ba kaya a jikinsa.

A nan mutane da yawa suke tsayawa, su tafi da tunanin cewa Mifune mai takobi ne kawai. Kada ka tsaya. Mataki na gaba shi ne ka ƙwace masa takobin. Nemi I Live in Fear na 1955, ka yi lissafin nan na littafinka: shekarunsa 35. A fim ɗin tsoho ne tukuf, mai masana'antar narka ƙarfe, wanda tsoron bam ɗin nukiliya ya hana shi sukuni har yake so ya kwashe iyalinsa kaf zuwa Brazil, 'ya'yansa kuma suka kai shi kotu. Shekara goma ke nan da Hiroshima da Nagasaki. Na ba wani abokina fim ɗin ba tare da na gaya masa komai ba, ya dawo yana tambayata ina Mifune ɗin yake. Duba yadda yake fifita da mafici cikin ɓacin rai, da yadda wuyansa ya shige cikin kafaɗa.

Sannan High and Low na 1963, wanda ni a wurina babu kamarsa a duk aikinsa. Gondo ne, babban jami'i a kamfanin takalma a Yokohama, gidansa a kan tudu yana kallon unguwar talakawa. Ya jinginar da duk abin da ya mallaka don ya karɓe ragamar kamfanin, sai aka bugo waya an sace ɗansa, ana neman yen miliyan 30. Can sai ga ɗansa ya shigo. Ashe ɗan direbansa aka ɗauka bisa kuskure, kuma mai garkuwar ya ce duk da haka sai an biya. Kusan awa guda ana cikin falo ɗaya, labule a rufe, direban yana tsaye a gefe kansa a sunkuye. Kalli bayan Mifune idan ya juya ya fuskanci labulen. Akwai wani ɗan wuri da 'yan sanda ke neman yadda za a ɓoye wani abu a cikin jakunkunan kuɗin fansa, sai ya sa a ɗauko masa tsofaffin kayan aikinsa na dukanci, ya zauna a ƙasa ya fara aiki da hannunsa, 'yan sandan suna tsaye suna kallonsa. Mutum ne da ya taso daga bencin ɗinkin takalmi, yana kuma shirin komawa can. Wannan zaman da ya yi a ƙasa ya fi mini duk saran takobinsa.

Throne of Blood na 1957 ka ajiye shi ga daren da kake da ƙarfin zuciya. Labarin Macbeth ne, wasan kwaikwayon Shakespeare, aka mayar Japan ta dā. Kibiyoyin da ake harba masa a ƙarshe na gaske ne, gwanayen baka ne ke harbawa, suna kafewa a katako dab da jikinsa. Tsoron da ke idonsa a wurin ba sai an koya masa ba.

Finafinai 16 ya yi da Kurosawa, amma zalunci ne a taƙaita shi a nan. Darakta Hiroshi Inagaki ya yi aiki da shi sosai: finafinai uku kan shahararren mai takobi Miyamoto Musashi daga 1954 zuwa 1956, da kuma The Rickshaw Man na 1958, wanda ya ci babbar kyautar Venice. A wannan na ƙarshen mai jan keken ɗaukar mutane ne, talaka marar ilimi, da ya ɗauki nauyin kula da ɗan wata bazawara, yana sonta bai taɓa iya faɗa ba. Wurin da ya hau ya buga babbar ganga a bikin gari ya isa dalilin neman fim ɗin. Ƙara da Samurai Rebellion na Masaki Kobayashi, 1967, inda yake uba mai haƙuri da aka kai bango. Na ƙasashen waje kuwa ba sai ka bi su duka ba. Ya je Meziko ya fito a matsayin ɗan ƙauyen can a Ánimas Trujano, ya haddace maganganunsa da Sifaniyanci. Ya yi Hell in the Pacific a 1968, shi da ɗan wasan Amurka Lee Marvin su biyu rak a tsibiri, ba mai jin yaren wani. Wannan ka kalla. Red Sun na 1971 da shirin talabijin na Shogun na 1980 su ne suka sa Turawa da yawa suka san fuskarsa, amma a ganina sun fi amfani da kwarjininsa fiye da gwanintarsa.

Red Beard na 1965 ka bar shi ya zama na kusa da ƙarshe, domin shi ne rabuwarsu da Kurosawa. Likita ne a asibitin talakawa, mai kaushin magana da taushin zuciya, yana horar da wani matashin likita mai girman kai. Ka tuna a 1948 shi ne majinyacin da ke yi wa likita tsawa. Yanzu ya koma mazaunin da Shimura yake zama. Aikin ya ci wajen shekara biyu, gemun kuma nasa ne na gaske, ya riƙe shi duk tsawon lokacin, ga shi ya riga ya kafa kamfaninsa na fim mai ma'aikata da ke jiran albashi. Ya sake cin kyautar gwarzon ɗan wasa a Venice, amma daga nan ba su ƙara yin fim tare ba, ko da yake kowannensu ya rayu fiye da shekara talatin bayan haka. Za ka tarar da labarai iri-iri a intanet kan dalilin rabuwar, kowa da wanda yake ɗora wa laifi. Shawarata ka karanta su da taka-tsantsan, kada su shiga tsakaninka da abin da ke kan allo. Mifune ya ci gaba da aiki har fim ɗinsa na ƙarshe, Deep River, a 1995, jikinsa ya riga ya yi rauni. Ya rasu a Tokyo ranar 24 ga Disamba 1997 yana da shekara 77. Kurosawa ya bi shi a watan Satumba na 1998, wata tara ba su cika ba.

Idan ka bi wannan tsari, fim ɗaya a mako, wata uku zai ishe ka. A daren ƙarshe ka saka Sanjuro na 1962, wanda ya ɗora daga Yojimbo, samurai ɗin nan dai marar gida, wannan karon yana jagorantar wasu samari tara masu zafin kai da ƙarancin dabara. A ƙarshensa za su tsaya shi da Tatsuya Nakadai, wanda ya fito a matsayin abokin gabarsa, dab da juna, hannu kusa da takobi, ba mai motsi, na tsawon lokacin da za ka ji numfashinka ya tsaya. Abin da ya biyo baya bai kai daƙiƙa ɗaya ba, sai ka mayar da shi a hankali kafin ka ga ta inda takobin ya fito. Ɗaya daga cikin samarin ya buɗe baki yana yaba masa, ya daka masa tsawa, ya gargaɗe su kada wanda ya biyo shi. Suka durƙusa a kan hanya. Shi kuma ya juya baya, ya mayar da hannuwa cikin riga, ya girgiza kafaɗar nan, ya kama hanya.